Jana'izar Katifa a Soron Ɗinki

Talata, 8 ga Yuli, bayan Magariba

Ba zan rubuta abin da ya faru yau ba. Hulata ta ɓata, takalmina ƙafa ɗaya yana cikin kwatar Soron Ɗinki, kuma wani tsoho da ban taɓa yi wa komai ba ya kira ni ɗan wuta a gaban jama'a. Matata Muhsina ta ga yadda na shigo gida ta ce, "Abban Umair, lafiya?" Na ce lafiya ƙalau. Ta dubi ƙafata, ta tafi ta ɗora ruwan zafi.

Ni rubutu kawai na yi. A sani.

Laraba, 9 ga Yuli, da hantsi

To, bari dai in rubuta, tunda duk Kano kowa ya riga ya tsara nasa.

Shekara ashirin ke nan ina rubuta labarin fim. Rabinsu na yi su ina ɗinka labari a jikin waƙoƙin da furodusa ya riga ya saya tun ba a san sunan jarumi ba. Sauran na yi su ina ɗauko littattafan da kowa ke gudu ina mayar da su fim, har 'yan sana'armu suka sa mini suna Mai-wahalar-da-'yan-kallo. Amma littafin da ya tsaya mini a rai tun ina saurayi shi ne Hawan Kafaɗa na Malam Ilu. Jarumin ya mutu tun a shafin farko. Duk littafin zancen zucinsa ne yana kwance a makara, daga ƙofar gida zuwa maƙabarta, yana jin kafaɗar duk wanda ya karɓe shi, yana tuna abin da ke tsakaninsu. Ba waƙa, ba budurwa, ba ko mota. Duk furodusan da na kai wa sai ya ce in je a duba kaina. Nazeer kaɗai ya karɓa, shi ne furodusa shi ne darakta, na yi ta zuba masa addu'a. Da na sani da na rage.

Malam Ilu da kansa ya ba mu aron zaurensa, don a nan ya zauna ya rubuta littafin. Tsohon malamin makaranta ne, kuma tun bayan azumi ciwo ke kwantar da shi yana tashi, duk unguwa ta san haka. Jiya bayan Azahar, yana ɗaka ya sha magani barci ya ɗauke shi, muka naɗe katifa a likkafani, muka rufa tabarma, muka fito da makara daga wannan zaure. 'Yan wasanmu ba su taka kara sun karya ba, kyamara kuma tana can saman soron maƙwabta inda ba mai ganinta. Ba a gaya wa mutanen unguwa komai ba.

Makara ta fito daga gidan mara lafiya a cikin birnin Kano, me kuma ake jira? Kafin ɗan wasan da muka naɗa wa rawani ya gyara tsayuwa, teloli sun bar kekunansu, mai shayi ya bar tukunya a wuta, lungu ya cika har bakin titi. Suka yi sahu, suka yi kabbara huɗu da hawayensu, a kan katifa. Ana sallamewa Nazeer ya leƙo daga saman soro da lasifika ya ce, "Kat! Ya yi kyau, amma a sake, wani ya kalli sama!"

Ana cikin haka Malam Ilu ya fito da butarsa yana tambaya ko mun gama, zai yi alwala.

Laraba, bayan La'asar

Nazeer ya bugo yana dariya. "Oga marubuci, ka san abin da muka samu kuwa? Wallahi ko tirela guda ta 'yan wasa ka ɗauko ba za ka samu kukan nan ba." Na ce ya ji tsoron Allah. Ya ce, "Ni? Ai kai ka ce kukan haya ba ya..." Na kashe wayar. Cajina ne ya kusa ƙarewa.

Juma'a, 11 ga Yuli, da safe

Jiya na sayi takalmi na koma Soron Ɗinki ta lungun baya.

Tun kafin a haife ni dattawan layin ke ciyayya a ƙofar Malam Ilu. Bayan Magariba kowa a fito masa da kwanon tuwonsa daga gida, a haɗa a ci tare, a yi gardamar duniya. Jiya na tarar da Malam shi kaɗai a kan tabarma, kwanonsa a rufe. Ciyayyar ta koma ƙofar Alhaji Hammadu, 'yan gidaje kaɗan a gaba, inda Malam ke hango su, su ma suna hango shi. Alhaji Hammadu mai zare ne a kasuwar Kurmi, abokin Malam tun makarantar allo. Shi ne ranar Talata ya faɗa kan makara yana kuka kamar yaro, yana cewa, "Ilu, ka yafe ni, ni ya kamata in riga ka."

Abin da ake faɗa a unguwa, wai Malam ne ya shirya abin don ya ga wa zai zo, wa ba zai zo ba. Marubuci ne, in ji su, ba abin da ba zai iya ba.

Na durƙusa na gaishe shi. Ya ce, "Abdulbaqi, ka ce mini an sanar da maƙwabta."

Na ce, "Malam, ai Nazeer ne ya kamata ya..."

"Kai ka ce mini."

Ni dai ban tuna na faɗe shi da wannan lafazin ba.

Ya ce, "Fim ɗinku ku kuka sani. Ni mutanena nake so su dawo ƙofata. Wanda ya kai shekaruna da ciwona, ba littafi ne zai ɗauke shi ba." Na yi masa alkawari zan dawo da su. 'Yarsa Rukayya ta fito ɗaukar kwano, na gaishe ta, ta kewaye ni kamar turmi aka ajiye a hanya. An ce ranar Talata waya aka yi mata tana gidanta a Gwammaja, ta taho da goyo ko takalmi babu, tana isowa ta tarar da babanta yana alwala.

Juma'a, bayan an sauko

Limamin unguwarsu ya yi wa'azi a kan masu wasa da mutuwa. Bai kama suna ba, amma mutum uku sun bugo mini don kada in rasa labari.

Asabar, 12 ga Yuli, bayan Azahar

Na sami Alhaji Hammadu a rumfarsa yana jera zare. Na tsuguna na ce, "Baba, haƙuri na zo bayarwa."

Ya ce, "Ban haifi mai sa musulmi sallar katifa ba."

Na ci gaba da tsugune har ƙafata ta yi tsami, shi kuma yana ta ciniki a kaina kamar ba na wurin. Da mutane suka ragu ya ce, ba tare da ya dube ni ba, "Abu ɗaya. Hoton nan da kuka ɗauka ina kuka, a goge shi, in gani da idona. Ba a taɓa ganin hawayena a waje ba. Ko ranar da uwar 'ya'yana ta rasu, a ɗaka na yi nawa. In an goge, ni na san abin da zan yi da Ilu."

Na ce an gama, gobe-goben nan. Na fito ina jin daɗi, har na sayi rake.

Litinin, 14 ga Yuli, da yamma

Na je ɗakin tace fim da niyyar in sa Nazeer ya goge a gabana. Ya ce in zauna in gani tukuna, ai ba a binne abu ba a duba fuskarsa ba. Na zauna.

Ban san yadda zan rubuta wannan ba. Rana ta sauko a kan sahun daidai yadda ake so. Ga wani tela, almakashi a hannu ya manta bai ajiye ba. Ga Alhaji Hammadu yana ture mutane, hularsa ta faɗi bai waiwaya ba. Shekara da shekaru ina neman yadda zan nuna babin farko na littafin nan ba tare da an sa wata murya ta yi ta surutu a kan hoto ba. Na rubuta na yaga, na rubuta na yaga, har Muhsina ta daina sayen takardar hura wuta. Sai ga shi a gabana, cikakke, ba kalma ɗaya tawa a ciki. Na ji haushi, na ji daɗi, na ji kunyar daɗin da na ji.

Nazeer ya ɗora yatsa a kan madanni ya ce, "To, Oga, in goge?"

Na ce ya ɗan dakata, in yi tunanin ko akwai yadda za a rufe fuskar tsohon.

Da ya ga na yi laushi sai ya fito da nasa. Wai a sa waƙa ɗaya a maƙabarta, a ce mafarki ne. Wai kuma a ƙarshe mamacin ya yi atishawa, ashe doguwar suma ce, don a samu kashi na biyu. Na ce masa littafin da ya sa malaman jami'a gardama shi zai ƙare da atishawa? Ya ce malaman jami'a ba sa kallon fim. Allah ka ba ni haƙuri da yaron nan.

Talata, 15 ga Yuli, da safe

Ruwa. Ban fita ba.

Laraba, 16 ga Yuli, da rana

Ba a yi ruwa ba, amma hadari ya haɗo. Muhsina ta tambaya ko an goge, na ce maganar tana kan hanya. Ta ce, "Gogewar ma tafiya take yi?" Matar nan a bakinta ya kamata in riƙa ɗaukar rubutu.

Alhamis, 17 ga Yuli, bayan La'asar

Inna lillahi. Nazeer ya saki talla a intanet. Kukan Alhaji Hammadu ne tsaf, an sa masa kiɗan tausayi, an rubuta a ƙasa wai fim ɗin da ya girgiza Kano. Kafin Azahar ya shiga kowace waya. A adaidaitar da na hau, direban da wani fasinja suna gardamar canji, sai fasinjan ya marairaice murya ya ce, "Ka yafe ni, ni ya kamata in riga ka," duk suka bushe da dariya. Na sauka tun ban kai ba.

Na buga wa Nazeer waya. Ya ce, "Oga, kai ka ce a dakata da gogewa, ba ka ce a dakata da talla ba. Ka ga yawan masu kallo kuwa?"

Ni rubutu kawai na yi. Ban taɓa riƙe kyamara ba, ban taɓa sakin talla ba. Rubutu.

Asabar, 19 ga Yuli, da rana

An ce Alhaji Hammadu ya kashe wayarsa ya jefa a akwati, saboda har daga wasu garuruwa ake bugowa ana yi masa tsiya. Na je Kurmi. Yana hango ni ya ja ƙofar rumfa ya kulle, da rana tsaka, ga mai saye a tsaye.

Talata, 22 ga Yuli, da safe

An kai Malam asibiti ranar Lahadi, an dawo da shi jiya. Ya rame, ƙafafu sun kumbura. Duk da haka ya sa aka fito masa da tabarma bayan Magariba. Na sa Muhsina ta zuba mini tuwo a kwano, na hau adaidaita da shi har Soron Ɗinki, muka zauna mu biyu. Loma biyu ya yi ya janye hannu. Idonsa yana can ƙofar Alhaji Hammadu.

Don in ɗauke masa hankali na ɗauko zancen littafin, na ce har yanzu ban san yadda zan yi da babin da mamacin ya gane cewa kafaɗar da ta fi lallaɓa shi ta maƙiyinsa ce ba. Na shiga bayanin inda zan sa kyamara a cikin makara, mu ga sama yadda gawa ke gani.

Ya ce, "Gawa ba ta gani, Abdulbaqi. Kai mamacin ka bi, shi ya sa ka sha wahala. Littafin na masu ɗauka ne."

Shekara ashirin ina bin tsohon nan da tambaya, sai yanzu ya ga damar faɗa mini. Na dawo gida na duba rubutuna tun daga farko, na ga gaskiyarsa, na ji kamar in cusa shi a murhu.

Alhamis, 24 ga Yuli, da hantsi

Muhsina ta ce, "Abban Umair, ka san zuwanka ne ke ƙara hana su zuwa? Wa zai zauna inda kake? Kowa sai ya yi ta duban saman soro." Ba ta yi ƙarya ba. To in na daina zuwa, wa zai buɗe masa kwano?

Juma'a, 25 ga Yuli, bayan La'asar

Na sami Liman da Mai unguwa tare. Na rantse musu da Allah Malam Ilu bai san ba a sanar da kowa ba, barci ma yake yi. Liman ya ce, "To wa ya sani?" Na ce kamfani. Ya ce, "Kamfanin ba shi da suna? Ba uwa ce ta haife shi ba?" Na ce aikin fim aikin taro ne, Allah gafarta Malam. Ya daɗe yana kallona, na daɗe ina kallon tabarma.

Duk da haka ya tashi ya je wa Alhaji Hammadu da kansa. Amsar da ya kawo: a bar shi ya huce, bayan Juma'a mai zuwa a zauna. Nazeer kuwa ya janye tallar bayan kowa ya gama ajiye ta a wayarsa, ya wuce Kaduna ɗaukar wani fim mai waƙa shida.

Lahadi, 27 ga Yuli, da safe

Na kai wa Malam labarin. Ya sa Rukayya ta fito da babbar tabarma a wanke, ya ce a nemo gero mai kyau don furar ranar. Jiya ya cinye tuwonsa.

Rukayya ta yi mini magana karon farko. Ta ce, "Matsa, zan yi shara."

Talata, 29 ga Yuli, da rana

Na aika wa Nazeer saƙo a cire sunana daga fim ɗin. Ya turo mini hoton dariya.

Laraba, 30 ga Yuli, bayan La'asar

Rukayya ta bugo bayan an fito Asuba. Ba ta yi gaisuwa ba, ta ce, "Malam Abdulbaqi, Baba ya cika." Yayanta yana Fatakwal, mijinta yana hanya, namijin da ta samu a kusa ni ne.

Ban yi tunani ba. Wallahi ban yi tunani ba. Ina isa na shiga bin gidaje ina buga ƙofa, ni, da bakina. Tela na farko ya dube ni ya dubi saman soro ya ce, "Yau kuma a ina kuka ɓoye kyamarar?" Mai shayi ya ce in gaya wa darakta shi sai an sallame shi tukuna. Wani ya ce Allah ya shirye ni. Na yi rantsuwa, na yi kuka, wani saurayi ya ce ashe ni ma na iya fim. A ƙofar Alhaji Hammadu na buga har hannuna ya yi zafi. Daga ciki ya ce, "Ka gaya wa Ilu, sau ɗaya ake yi mini. An ce Juma'a, ya jira Juma'a." Ya fita ta ƙofar baya ya tafi kasuwa.

Na je wa Liman, muka taho gidan Malam. Ya wuce ni ya shiga har ɗaka, ya buɗe fuskar ya gani, ya fito yana salati. Ba wuta, lasifikar masallaci ba ta tashi ba. Ya aika 'ya'yansa gida-gida, amma yawancin maza sun riga sun watse kasuwa da wuraren aiki, waɗanda ke nan kuma wasu suka ce bari su ga abin da zai faru tukuna. An aika Kurmi, rumfar Alhaji Hammadu a kulle, wayarsa tana akwati. Ga hadari ya yi baƙi ƙirin, masu haƙa suka aiko cewa in ruwan nan ya sauko kabarin cika zai yi. Liman ya ce ba a ajiye gawa don jiran masu shakka.

Sahu ɗaya muka yi, shi ma bai kai bango ba. A hanya ba wanda zai karɓe mu, kafaɗata ta ɗaye. Mutumin da ya koyar da rabin unguwar nan karatu. Wasu na tsaye a bakin shaguna suna kallonmu, suna leƙa bayanmu, suna jira a ce a sake.

Mun dawo da makara ana yayyafi, tabarmar a naɗe a ciki. Muna shiga layin sai ga Alhaji Hammadu ya ɓullo ta ɗaya bakin, da leda a hannu. Ashe bai buɗe rumfa ba, zuciyarsa ta ƙi kwanciya, ya yi ta zagaye kasuwa, ya ƙare a wajen masu kayan marmari. Ya tsaya ya leƙa makarar, ya ga ba kowa a ciki. Sai fuskarsa ta washe, ya yi dariya har da buga ƙafa.

Ya ce, "Ai na faɗa! Ba kowa, yau ma ba kowa. Liman, har da kai aka sa a fim? Kai, Ilu, Ilu, ba ka da dama. To na gaji, ba sai Juma'a ba, na huce. Ga ayaba na kawo masa."

Liman ya dube ni, na dubi Liman. Kafin ɗayanmu ya iya buɗe baki ya wuce mu, ya shiga zauren yana rafka sallama, yana cewa tsohon banza ya fito ya karɓi ayabarsa.

Rukayya ce ta amsa masa.